Frederick Wiseman: Daraktan da Kyamararsa Ba Ta Yin Tambaya



A shekarar 1968 wani alƙali a jihar Massachusetts ta Amurka ya yanke hukunci a kan wani fim mai tsawon minti 84. Ya ce a daina nuna shi, a kuma lalata shi. Fim ɗin ba ƙagaggen labari ba ne, babu ɗan wasa ko ɗaya a cikinsa. An ɗauke shi ne a wani asibitin gwamnati da ke garin Bridgewater, inda ake tsare masu taɓin hankalin da shari'a ta hau kansu. Sunan fim ɗin Titicut Follies, wanda ya yi shi kuma wani tsohon malamin koyar da shari'a ne mai shekara 38 a lokacin, wanda bai taɓa ba da umarnin fim ba kafin wannan. Shi ne Frederick Wiseman, kuma a kansa maganarmu ta yau za ta gudana.

An haife shi a birnin Boston ranar 1 ga Janairun 1930. Mahaifinsa lauya ne, shi ma ya bi sahu: ya yi Kwalejin Williams, ya wuce Jami'ar Yale ya karanta shari'a, ya gama a 1954. Bayan aikin soja na shekara 2 ya zauna a Paris daga 1956 zuwa 1958, sannan ya dawo gida ya kama koyarwa a Jami'ar Boston. Bai taɓa ɓoye cewa karatun shari'a bai shiga ransa ba. Abin da ya fi jan hankalinsa a aikin koyarwar shi ne fita da ɗalibai. Yakan kwashe su zuwa kotuna da gidajen yari da asibitocin masu taɓin hankali, domin wanda gobe zai zama mai gabatar da ƙara ko alƙali ya ga da idonsa inda zai riƙa tura mutane. A irin wannan fita ya fara taka Bridgewater. A 1963 ya zama furodusan wani fim, The Cool World, labarin samarin unguwar Harlem, wanda Shirley Clarke ta ba da umarni. Da ya ga yadda ake aikin daga kusa, sai ya yanke shawarar zai iya da kansa.

Ya kuma shigo a kan gaɓa. Kafin wajejen 1960, ɗaukar hoto tare da sauti aiki ne na manyan injuna da fitilu da wayoyi, sai dai a kawo mutum gaban kyamara a zaunar da shi. Daga nan aka samu kyamarar fim ta milimita 16 wadda mutum ɗaya zai saɓa a kafaɗa, da ƙaramar na'urar naɗar sauti ta Nagra, da dabarar daidaita su biyun. Robert Drew da abokan aikinsa, Richard Leacock da D. A. Pennebaker da Albert Maysles, suka gwada abin a fim ɗin Primary na 1960, inda suka riƙa bin John Kennedy da Hubert Humphrey a zaɓen fid da gwani na jihar Wisconsin. A karon farko mai kallo ya shiga mota da ɗan takara, ya kutsa cikin taro a bayansa.

'Yan'uwanmu na Nijar sun san ɗaya reshen wannan tarihi fiye da kowa, domin Jean Rouch nasu ne ta wata fuska. Ya zo Nijar a 1941 a matsayin injiniya, ya shafe rayuwarsa yana ɗaukar fim a can, shi ya sa Oumarou Ganda a gaban kyamara a fim ɗin Moi, un noir, kuma a hatsarin mota kusa da Birnin Ƙonni ajalinsa ya same shi a 2004. Shi Rouch yakan shiga cikin abin da yake ɗauka. Yana tambaya, yana tsokano magana, yana nuna wa mutane hotonsu ya ji ra'ayinsu. A fim ɗin da ya yi da Edgar Morin a Paris, wanda ya fito a 1961, har tare mutane aka riƙa yi a titi ana tambayarsu ko suna cikin farin ciki. Wiseman ya ɗauki kayan aiki iri ɗaya ya bi wata hanya dabam. A finafinansa na zahiri ba a hira da kowa. Ba muryar mai sharhi, ba kiɗan da aka ɗora daga baya don a motsa zuciya, ba rubutu a ƙasan allo da zai gaya maka sunan mai magana ko muƙaminsa. Ana jefa ka cikin wuri, kai za ka gane wane ne wane daga yadda ake yi masa magana da yadda yake amsawa.

Mu koma Bridgewater. Wiseman ya yi fiye da shekara yana neman izini, aka ba shi, ya shiga a 1966 tare da mai ɗaukar hoto John Marshall, suka yi kwana 29. Wurin yana ƙarƙashin hukumar gidajen yari ne, ba ma'aikatar lafiya ba, kuma hoton ya nuna haka. Ana ajiye mazaje tsirara a ɗakunan da ba komai sai bango. Akwai wani dattijo, tsohon malamin makaranta, da gandirobobi ke kai shi aski suna ta maimaita masa tambaya ɗaya a kan tsabtar ɗakinsa har sai ya fusata ya kama ihu. Akwai wani saurayi da ya tsaya gaban kwamitin likitoci yana bayani a natse cewa zaman wurin ƙara masa ciwo yake yi, a mayar da shi gidan yari. Yana fita, aka ɗauki wannan roƙo nasa a matsayin alamar ciwon, aka ce a ƙara masa magani. Sai kuma fitowar da duk wanda ya gani ba ya mantawa: wani da ya ƙi cin abinci, an danne shi, likita ya zura masa roba ta hanci, ya hau kujera yana zuba abincin ta mazurari, sigari a bakinsa, tokar na lilo a kan mazurarin.

A wannan fitowar Wiseman ya yi wani abu da daga baya shi da kansa ya ce ya yi yawa. Ya riƙa yanka hoton ɗurar yana saka hoton gawar mutumin nan, bayan ya rasu, ana yi mata aski ana gyara ta cikin kulawar da bai samu ba yana da rai. Saƙon ya isa, amma darakta ne ya kama kan mai kallo ya juya shi. A finafinan da suka biyo baya da wuya ka sake ganin ya yi irin wannan. Ku riƙe wannan misali, domin zai yi mana amfani in mun zo maganar editin.

An nuna fim ɗin a bikin finafinai na New York a 1967, gwamnatin jihar kuma ta garzaya kotu. Hujjarta ita ce an keta sirrin majinyata, an kuma saɓa sharuɗɗan da aka yi kafin ba da izini. Babban lauyan jihar a lokacin, Elliot Richardson, yana cikin waɗanda tun farko suka taimaka aka buɗe wa Wiseman ƙofa. A 1969 kotun ƙolin jihar ta sassauta: ba za a lalata fim ɗin ba, amma likitoci da lauyoyi da alƙalai da ma'aikatan jin daɗin jama'a da ɗaliban waɗannan fannoni ne kaɗai za su kalla. Ta kuma sa a rubuta a ƙarshensa cewa an samu gyare-gyare a Bridgewater tun 1966. Sai a 1991 aka ɗage takunkumin, gidan talabijin na PBS ya nuna wa duk ƙasa a 1992, sannan a 2022 Ɗakin Karatu na Majalisar Amurka ya shigar da shi jerin finafinan da ƙasa za ta adana.

Yana da sauƙi a ba da wannan labari a ce gwamnati ta so rufa wa kanta asiri ne kawai. Akwai gaskiya a ciki, domin hukumar da ta bar mutane tsirara a ɗaki ita ce ta zo tana kukan an tona musu asiri. Amma tambayar da ta ɗaga ba ta banza ba ce, kuma duk mai riƙe da kyamara a cikinku zai gamu da ita. Mutumin da hankalinsa ba ya jikinsa, wa zai ba da izini a madadinsa? Yana da 'ya'ya da dangi da za su ga hoton. A ganina fim ɗin ya cancanci a yi shi, ya kuma cancanci a gani, saboda ɓarnar da ɓoyewa ke yi a irin waɗannan wurare ta fi ta nunawa. Sai dai an biya farashi, kuma waɗanda suka biya su ne mafi rauni a cikin labarin. Bai kamata a faɗi rabin farko a haɗiye na biyu ba.

Tun yana wannan aiki ya gano abin da zai yi da sauran rayuwarsa. Abokan zamaninsa suna bin shahararrun mutane, 'yan siyasa da mawaƙa. Shi sai ya ce wuri ne zai zama tauraron fim ɗinsa: makaranta, asibiti, ofishin 'yan sanda, kotu, barikin soja. Wuri yana da iyaka, yana da doka a rubuce, yana da masu zartar da dokar da waɗanda ake zartar da ita a kansu. Abin da ke faruwa tsakanin rubutacciyar doka da mutumin da ke tsaye a gaban tebur, shi ne abin da Wiseman ya bi fiye da shekara 50, a finafinai sama da 40.

Na biyu shi ne High School na 1968, a wata babbar sakandare a Philadelphia wadda ake ganin tana cikin masu kyau. Ba duka, ba yunwa, ba rubabben gini. Amma akwai malamin ladabtarwa da ke gaya wa yaron da ya dage cewa ba shi da laifi ya karɓi horon haka nan, don ya nuna shi namiji ne mai iya bin umarni. A ƙarshen fim ɗin shugabar makarantar ta tsaya gaban malamai tana karanta wasiƙar wani tsohon ɗalibi da ke yaƙi a Biyetnam, wanda ya rubuta cewa kada a damu da shi, shi jiki ne kawai da ke yin aikin da aka sa shi. Ta karanta cikin alfahari, ta ce wannan ya nuna makarantar ta yi nasara. Nan fim ya ƙare. Wiseman bai ce uffan ba. Amma wanda ya zaɓi ya ajiye wannan wasiƙa a ƙarshe, bayan minti 70 na koyar da biyayya, ya riga ya faɗi ra'ayinsa.

Fim na uku ya koya masa wani abu a kan kansa. Bayan dukan da 'yan sandan Chicago suka yi wa masu zanga-zanga a 1968, ya tafi Kansas City da niyyar tona asirin 'yan sanda, kamar yadda ya faɗa da bakinsa. Ya kuwa samu abin da ya je nema: a Law and Order na 1969 akwai ɗan sandan da ya shaƙe wata mata a gaban kyamara. Amma makonnin da ya yi a bayan motar sintiri sun nuna masa sauran aikin: rabon faɗan miji da mata, ɗaukar mashayi daga bakin titi, da ɗan sandan da ya tsinci ƙaramar yarinya da ta ɓata, ya kai ta ofis yana lallashi yana saya mata alewa. Duka ya saka. Tun daga nan ya daina zuwa wuri da hukunci a aljihu.

Yadda yake aikin ba shi da wani asiri. Mutum 3 ne: mai kyamara, mataimaki mai ɗaukar kaya da canja fim, sai shi Wiseman riƙe da makirfo da na'urar sauti. Wannan zaɓi na riƙe sauti yana da dalili. Mai kyamara ido ɗaya yake da shi a cikin madubi, mai sauti kuwa yana ganin ɗakin gaba ɗaya, yana jin inda magana za ta karkata, sai ya yi wa mai kyamara ishara da makirfo ko da hannu. William Brayne ya riƙe masa kyamara kusan shekara 10, sannan John Davey ya karɓa daga ƙarshen shekarun 1970 ya yi ta yi shekaru da dama. Ba ya dogon bincike kafin ya fara, kwana ɗaya ko biyu na zagaya wuri ya ishe shi, domin ya ce ɗaukar ita ce binciken, kuma ba ya son abin mamaki ya faru a gabansa ba kyamara. Yakan yi mako 4 zuwa 12 a wuri. Yakan gaya wa mutane abin da yake yi da inda za a nuna, ya naɗi amincewarsu a kan tef, wanda ya ce a'a a bar shi. Abu ɗaya ne ba ya bayarwa: ba hukumar da ke da ikon cewa a cire kaza.

An sha tambayarsa ko mutane ba sa canja hali in sun ga kyamara. Amsarsa ita ce yawancinmu ba mu iya wasan kwaikwayo ba, kuma wanda ke tsakiyar rigimar kuɗin hayarsa ko ciwon ɗansa ba shi da lokacin kula da wani mai makirfo. In ya lura mutum na yi don kyamara, sai ya kashe, ko ya zubar a wurin editin. Ya zama kamar baƙon da ya daɗe a zaure har masu gida suka daina gyara zama in ya shigo. Akwai kuma dalili mai ɗaci da finafinan suka nuna: ɗan sandan da ya shaƙe matar nan bai ɓoye ba saboda a wurinsa abin da ya yi daidai ne. Mutane ba sa ɓoye abin da suke ganin aikinsu ne na yau da kullum.

Yanzu ga inda nake so ku tsaya da ni. Ana yawan cewa Wiseman yana ajiye kyamara ne kawai gaskiya ta shige ciki. Shi ya fi kowa ƙin wannan magana, har yakan kira finafinansa ƙagaggun labarai da aka gina da zahiri. Ɗauki At Berkeley na 2013, a kan babbar jami'ar gwamnati ta California. Ya ɗauki awa 250 cikin mako 12, ya yi wata 14 yana editin, ya fitar da awa 4. Wato a cikin kowace awa da ya ɗauka, kusan minti 1 ne ya tsira. Wa ya zaɓi wannan mintin? Yakan zauna ya kalli duk abin da aka ɗauka, yana ba kowace fitowa tauraro 1 ko 2 ko 3. Wajen rabi yakan faɗi tun a nan. Sai ya yi watanni yana gyara kowace fitowa ita kaɗai: taron da ya ci awa ɗaya da rabi ya matse shi ya koma 'yan mintoci, yana rufe wuraren yanka da fuskokin masu sauraro, har mai kallo ya ɗauka ba a taɓa komai ba. Sai a ƙarshe, cikin 'yan kwanaki, yake jera su ya ga ginin fim ɗin. Bayan nan yakan koma ya sake kallon duk abin da ya zubar, ko akwai wanda ya yi wa rashin adalci. A At Berkeley an ji shugaban jami'ar yana cewa tsuke bakin aljihu ya sa mai yankan ciyawa ɗaya ya rage wa harabar gaba ɗaya. Wiseman bai ɗora sharhi ba. Ya dai riƙa nuna mutum a kan injin yankan ciyawa a tsakanin fitowa da fitowa. Ku kwatanta wannan da gawar Bridgewater: ra'ayin yana nan, amma yanzu an bar wa mai kallo ya tsinto shi da kansa.

Fim ɗin da na fi so ku nema shi ne Welfare na 1975, minti 167, baƙi da fari, a wani ofishin tallafin marasa galihu a Manhattan. Kusan duk fim ɗin mutane ne a zaune suna jira, ko a tsaye gaban tebur suna bayani. Wannan an ce masa takardarsa na wani ofishi, can kuma an ce ya dawo nan. Waccan an rufe fayil ɗinta saboda ba ta zo ganawa ba, ita kuma ta ce wasiƙar ba ta same ta ba. Wani yana buƙatar shaidar adireshi kafin a ba shi kuɗin haya, ba zai samu adireshi ba sai da kuɗin hayar. Duk wanda ya taɓa bin fayil daga tebur zuwa tebur ba ya buƙatar a yi masa tafsirin wannan.

Abin da ya ɗaga fim ɗin sama da ƙorafi shi ne bai mai da ma'aikatan dodanni ba. Kana ganin ma'aikaciya ta yi waya uku tana neman mafita, doka ta tare ta ta kowace fuska, ga layi na ƙaruwa. Kana ganin wata ta gaji ta ɗaga murya. Kana ganin mai neman tallafin da labarinsa ke canjawa yana cikin ba da shi, ka rasa ko ƙarya yake yi ko wahala ce ta rikita shi, kuma ka gane cewa ma'aikacin ma a wannan duhun yake, ga shi dole ya yanke hukunci kafin a tashi. Akwai doguwar fitowa inda wani Bature tsohon soja ya zauna yana zuba wa wani mai gadi baƙar fata kalaman wariyar launi, mai gadin na amsa masa a natse, minti bayan minti, Wiseman bai yanke ba. Kusa da ƙarshe wani mutum da ya gaji da jira ya kwatanta zamansa da na mutanen wasan kwaikwayon Samuel Beckett da ke jiran wanda ba ya zuwa, sannan ya koma yana magana da Ubangiji a kan benci. Ba marubucin da ya ba shi wannan. Kusan shekara 50 bayan haka, a 2023, darakta Julie Deliquet ta mayar da fim ɗin wasan dandamali aka buɗe bikin Avignon na Faransa da shi.

Tsawon finafinansa ya sha jawo masa magana. Near Death na 1989 minti 358 ne, kusan awa 6, a sashen masu tsananin jinya na asibitin Beth Israel a Boston. Likitoci da iyalai suna tattauna ko a ci gaba da riƙe mara lafiya da injin numfashi ko a bari. Likita zai faɗi magana, iyali su ji rabinta, gobe ya sake faɗa da wasu kalmomi, jibi a koma farko. In an taƙaita wannan zuwa minti 5 an yi ƙarya, domin maimaitawar ita ce abin da ke faruwa: haka mutum ke karɓar labarin da ba ya so. Wiseman ya ce yana jin nauyin mutanen da suka ba shi izini, kada ya sauƙaƙa abin da a rayuwarsu ba mai sauƙi ba ne. Na yarda da shi a Near Death. A wasu finafinan na baya, akwai tarukan kwamiti da za a iya ragewa ba a yi asarar komai ba.

Tsakanin waɗannan ya zaga ko'ina: horon sababbin sojoji a Fort Knox, kotun yara a Memphis, mayanka a Colorado, kantin masu kuɗi na Neiman Marcus a Dallas wanda shi ne fim ɗinsa na zahiri na farko mai launi a 1983, makarantar makafi da kurame a Alabama, gidajen gwamnati na talakawa a Chicago, mafakar matan da mazansu ke duka a Tampa, majalisar dokokin jihar Idaho. Abin da ya ba shi damar wannan naci shi ne talabijin na jama'a, PBS da tashar WNET ta New York, da gidauniyoyi, daga baya kuma da kuɗin Faransa. Ya kafa kamfaninsa, Zipporah Films, da sunan matarsa, ya riƙe mallakar finafinansa da rarraba su a hannunsa. Masu sana'a a nan sun san abin da wannan ke nufi: wanda ya mallaki fim shi ke da ta cewa a kan tsawonsa.

Da girma ya zo, idonsa ya karkata zuwa wuraren da abubuwa ke tafiya daidai: gidan rawa na Paris, gidan zane-zane na Landan, da Ex Libris na 2017 a kan ɗakin karatu na birnin New York, inda ake koya wa tsofaffi kwamfuta, ana ba marasa intanet aron na'urar haɗi su tafi da ita gida. A City Hall na 2020 ya koma garinsu Boston ya yi awa 4 da rabi a kan aikin hukumar birni: ɗaurin aure, kwasar shara, duba gini, mai ƙorafin tarar ajiye mota. Wasu masu sharhi sun ce ya yi laushi, fim ɗin ya zama kamar talla ga magajin garin na lokacin, Marty Walsh, kamar yadda aka ce ya fi karkata ga shugabannin jami'a a At Berkeley fiye da ɗalibai masu zanga-zanga. Akwai ƙamshin gaskiya, Walsh ya samu fili da yawa. Amma a cikin fim ɗin akwai doguwar fitowa inda mazauna wata unguwar talakawa suka titsiye 'yan kasuwar da ke son buɗe shagon tabar wiwi, wadda doka ta halatta a jihar, suna tambayar wa za a ɗauka aiki, wa zai ci riba, wa zai kwashi matsalar. Wanda ya yi Welfare ne ya ɗauki wannan. Mutumin da ya fara da nuna hukuma a mafi muninta yana da haƙƙin ya nuna yadda take in ta yi aikinta, musamman a lokacin da ake gaya wa Amurkawa cewa gwamnati ba ta da amfani. Mujallar Cahiers du cinéma ta Faransa ta zaɓe shi fim mafi kyau na shekarar.

Girmamawa ta zo a makare amma ta zo: Zakin Zinare na bikin Benis a 2014, da Oscar na karramawa a 2016. Yana da shekara 93 ya fitar da fim na awa 4 a kan gidan abincin iyalin Troisgros a Faransa, waɗanda ke riƙe da taurari 3 na jagorar gidajen abinci ta Michelin tun 1968. A ciki akwai inda uban gidan, Michel Troisgros, ya ga wani matashin kuku ya ɓata ƙwaƙwalwar dabba wajen gyara. Bai yi masa tsawa ba. Ya ja shi gefe, ya buɗe tsofaffin littattafan girki, suka karanta tare. Nan ma doka ce da mai zartar da ita da wanda ke ƙarƙashinsa, abin da Wiseman ya fara kallo a Bridgewater, sai dai a wannan karon ta faɗa hannun mai tausayi.

Ga masu son gwada wannan hanya a cikinku, kayan aiki ba su ne matsala ba, wayar da ke aljihun da yawanku ta fi kyamarar 1966 ƙarfi. Wahalar tana wurin izini, wanda zai iya cin shekara, da sauti mai kyau, wanda shi ne rabin fim ɗin da ba shi da mai sharhi, da watannin zama gaban kwamfuta, da kuma yanke shawarar abin da bai halatta ka nuna ba ko da an ba ka dama. Wanda zai fara kallo ya fara da High School, minti 75 ne kawai. Ya kalle shi sau biyu, a karo na biyu da takarda da biro, yana rubuta wace fitowa ce ta biyo bayan wace, yana tambayar kansa me ya sa. Daga nan ya wuce Welfare.